Werner Herzog: Bajamushen da ya kai al'adun Bororon Nijar idon duniya

Werner Herzog na ɗaya daga cikin fitattun masu shirya finafinai na ƙasar Jamus. Ya yi suna a finafinan ƙagaggun labarai da kuma finafinan gaskiya da ke bin diddigin tarihi da al'adu. Yana da dangantaka da yankinmu, domin a Jamhuriyar Nijar ya ɗauki ɗaya daga cikin ayyukansa da har yau ake muhawara a kai.

Tashinsa

An haife shi a birnin Munich ranar 5 ga Satumba, 1942, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu. Ruwan bama-bamai ya sa mahaifiyarsa ta ƙaura da shi zuwa ƙauyen Sachrang da ke cikin duwatsun Bavaria, inda ya girma cikin ƙunci. Bai yi makarantar koyon shirya fim ba. Aikin walda ya riƙa yi da dare a masana'antar ƙarfe, ya tara kuɗin ayyukansa na farko. Dogon fim ɗinsa na farko, Lebenszeichen, ya sami lambar yabo a bikin finafinai na Berlin a 1968.

Sunansa ya bazu ne da Aguirre (1972) da Fitzcarraldo (1982), waɗanda ya ɗauka a dazukan Peru. A na biyun an ja jirgin ruwa na gaske aka tsallakar da shi kan tudu, kuma fim ɗin ya ba shi lambar darakta mafi ƙwarewa a bikin Cannes.

Ayyukansa a Afirka

Tun yana matashi Herzog ya ratsa hamadar Sahara domin fim ɗin Fata Morgana (1971), tafiyar da ta kai ga tsare shi a Kamaru. Cobra Verde (1987), labarin wani dillalin bayi a Dahomey, an ɗauki babban ɓangarensa a Ghana. A 1990 ya fitar da fim kan Jean-Bédel Bokassa, wanda ya naɗa kansa sarkin sarakuna a Afirka ta Tsakiya.

Wanda ya fi kusa da mu shi ne Wodaabe, Herdsmen of the Sun (1989), kan Fulanin Woɗaaɓe da Hausawa ke kira Bororo. Fim ɗin ya mai da hankali kan Gerewol, bikin ƙarshen damina da samari ke shafa kwalli da jan ƙasa, su jera suna rawa suna nuna farin haƙora da idanu, 'yan mata kuwa su zaɓi wanda ya fi kyau. Ya kuma taɓo farin shekarun 1980 da ya hallaka shanu ya kassara makiyaya.

Ra'ayinsa da sukar da ake masa

Herzog bai yarda cewa jera hujjoji kawai ya isa ya bayyana gaskiya ba. A wata sanarwa da ya yi a Minnesota ta Amurka a 1999, ya nuna cewa akwai gaskiya mai zurfi da sai ta hanyar tsara hoto da ƙirƙira ake isa gare ta. Shi ya sa ya ɗora tsohuwar waƙar cocin Turai a kan rawar Woɗaaɓe. Masu goyon bayansa na ganin ya ɗaukaka kyawun bikin. Masu suka kuwa na cewa ya mai da mutanen abin kallo ga Turawa, ya danne muryarsu da tasa.

Daga baya ya yi Lessons of Darkness (1992) kan rijiyoyin man Kuwait da aka cinna wa wuta, da Cave of Forgotten Dreams (2010) kan zane-zanen kogon Chauvet a Faransa, da hirarsa da Mikhail Gorbachev (2018). A 2025 bikin finafinai na Venice ya karrama shi da lambar zinariya ta aikin rayuwa.

Muhawarar da fim ɗin Woɗaaɓe ya tayar ta shafi masana'antar finafinan Kano kai tsaye. Sauyin da madatsar Tiga ta kawo wa manoman rani da makiyaya a Kura da Bunkure tun daga shekarun 1970 tarihi ne da shaidunsa ke raye, kuma waɗanda ke jin harshensu ne suka fi cancanta su ɗauke shi a hoto.