Rigimar Zaɓe a Ƙungiyoyin Gama Kai: Abin da Na Gani a Sentul

A shekarar 2011 na kama hayar ɗaki a Sentul, wata tsohuwar unguwa a arewacin birnin Kwala Lamfur, a gidan wani dattijo ɗan ƙabilar Tamil da ya yi ritaya daga aikin reluwe. Duk wanda ya san Sabon Garin Zariya ko Kafanchan ba zai yi baƙunta a can ba, domin jirgin ƙasa ne ya haifi unguwar. Tun farkon ƙarni na 20 Turawan Ingila suka kafa babbar ma'aikatar gyaran jirage a wurin, suka cika ta da leburori da maƙera daga kudancin Indiya.

Wata ranar Lahadi na tarar da maigidan nawa ya baje rasit-rasit a tabarma, ransa a ɓace. Ya je taron shekara na wata ƙungiyar gama kai da ya shafe fiye da shekara talatin yana zubi a cikinta, aka tare shi a bakin ƙofa, wai babu sunansa cikin masu jefa ƙuri'a saboda ana bin sa zubin wata huɗu. Shi kuwa ya rantse an cire shi ne don an san ɓangaren da zai zaɓa. Da ya je wurin lauya, sai aka ce masa wannan ba maganar kotu ba ce tukuna, ya fara kai ƙara hukumar kula da ƙungiyoyin. Wannan amsa ce ta sa na shiga binciken asalin abin.

Ashe tushen yana Indiya. A 1904 Turawa suka yi dokar ƙungiyoyin ba da rance a can, suka faɗaɗa ta a 1912, suka ɗora wani jami'in gwamnati, wato rajistara, a kan komai: shi ke yi wa ƙungiya rajista, shi ke sa a binciki littattafanta, shi ke rushe ta. Wannan tsari aka kawo Malaya a 1922, a lokacin da bashi da ruwa ya yi wa ƙananan ma'aikata katutu, albashi na shigowa masu ba da rance na jira a bakin ƙofa. Ƙungiyar farko da aka yi wa rajista a watan Yulin shekarar ta ma'aikatan gidan waya ce. Dokar 1948 ta gaji ta 1922, ta 1993 ta gaji ta 1948, a 2008 kuma aka miƙa aikin rajistara ga wata hukuma ta musamman. Amma ƙa'idar tana nan: rigima tsakanin ƙungiya da 'ya'yanta wurin hukuma take fara zuwa, ko ta yanke hukunci da kanta, ko ta miƙa wa masu sasantawa.

Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne, mu ma gadon nan muka ci. C. F. Strickland, tsohon rajistara a lardin Punjab, wanda ya rubuta rahoto a kan ƙungiyoyin Malaya a 1929, shi ne dai ya rubuta na Nijeriya a 1934, aka yi mana doka a 1935. Dokarmu ta tarayya ma a 1993 aka yi ta, kuma ita ma wurin daraktan ƙungiyoyi take tura masu husuma. Manomin da aka hana zaɓe a Funtuwa da dattijon Sentul, ƙofa iri ɗaya za su ƙwanƙwasa.

To, me ya sa rigimar kullum a kan sunaye take? Tun daga masaƙan Rochdale na Ingila a 1844, ƙa'idar gama kai ita ce mutum ɗaya ƙuri'a ɗaya, komai yawan jarinsa. A kamfani mai kuɗi yakan saye hannun jari ya mallake shugabanci. A nan babu wannan hanya, don haka mai son kujera sai ya koma kan littafin sunaye, ya cusa nasa mutane ana gab da taro, ko ya zare na abokin hamayya. Doka kuwa ta ce wanda bai biya abin da ƙa'idar ƙungiya ta ɗora masa ba, ba shi da haƙƙin memba, kuma sakataren da ke kan kujera shi ke riƙe da lissafin wanda ya biya. A ganina nan gizo ke saƙar. Mu da muke rigima kan kuɗin ƙungiya duk lokacin zaɓenmu, ai ba sai an yi mana dogon bayani ba.

Kada a ɗauka kujerar banza ake yi wa wannan kokawa. A watan Agustan 1986 gwamnatin Maleshiya ta rufe asusun ƙungiyoyin gama kai 24 masu karɓar ajiya, bayan shugabanninsu sun zuba kuɗin jama'a a hannayen jari da gine-ginen da suka karye. Mutane fiye da rabin miliyan abin ya shafa, kuɗin kuwa ya kai kusan ringit biliyan ɗaya da rabi. Waɗancan shugabanni ba daga sama suka faɗo ba, a taron shekara aka zaɓe su.

Hujjar masu tsara dokar ita ce kotu na da tsada da jan lokaci, talaka ba zai iya ba. Akwai gaskiya a ciki, sai dai ofis ma yana da nasa jinkirin. Ni na taya maigidana jera rasit ɗinsa wata bi wata, muka gano biyu daga cikin watanni huɗun ya biya, ba a shigar ba ne. Sauran biyun kuwa yana kwance a asibiti. Ya biya su, ya rubuta takardar ƙorafi, bayan wata bakwai aka mayar da sunansa. Zaɓen dai ba a soke shi ba, domin tazarar ƙuri'un ta fi yawan mutanen da aka hana shiga. Da zan bar gidan a 2013 ya nuna mini katin gayyatar taron shekarar, ya sa shi cikin gwangwanin biskit ɗin da yake ajiye rasit.