Majigin da Ya Nemi Shawarar 'Yan Kallo

Tun da aka ƙago silima, ma'abota wannan sana'a ba su gushe ba suna neman dabarar da za su tayar da ɗan kallo daga kujerarsa su shigar da shi cikin labari. A shekarar 1962 wani Ba'amurke, Morton Heilig, ya sami takardar mallakar wata na'ura mai suna Sensorama, wadda idan mutum ya cusa kansa ciki zai ga titunan Brooklyn tamkar yana bisa babur, iska na bugun fuskarsa, kujera na girgiza, har ƙanshin gari yana isa hancinsa. Sai dai attajirai ba su hango riba a ciki ba, ta mace a hannunsa.

Amma abin da ya fi cancantar a tsaya a kansa, a ganina, shi ne majigin Kinoautomat, wanda Radúz Činčera, mutumin Cekoslobakiya, ya kai baje kolin duniya na Montreal a 1967. Kowace kujera tana da maɓalli biyu, ja da kore, kuma sau 9 ana tsayar da majigin, wani ɗan wasa ya fito gaban jama'a ya tambaye su abin da jarumin zai aikata, misali ko ya buɗe wa matar maƙwabcinsa da ƙofa ta rufe a waje, ko ya ƙi. Abin da mafi rinjaye suka zaɓa shi ake haskawa. Jama'a suka yi ta murna suna zaton akalar labari na hannunsu, alhali an riga an shirya hanyoyin ta yadda duk wadda aka bi sai ta komo mahaɗa ɗaya, ƙarshe kuwa gidan jarumin ya ƙone ƙurmus, ko an danna ja ko an danna kore. Wanda ya taɓa zama gaban malaman tauhidi ana warware mas'alar ƙaddara da zaɓin bawa, lalle zai yi murmushi a nan. Hukumar Kwaminis ta Cekoslobakiya kuwa ba ta ɗauki abin da wasa ba, domin ta haramta shi a 1972.

A 1978 kuma masanan jami'ar MIT suka ɗaura kyamarori a kan mota, suka bi titunan garin Aspen suna ɗaukar hoto bayan kowace ƙafa 10, suka zuba a faifan laser, har mai kallo ya iya juyawa dama ko hagu yadda ya so. Ma'aikatar tsaron Amurka ce ta biya kuɗin, don soja su san gari kafin su taka shi. A nan zaɓi ya tabbata, amma babu jarumi, babu labari, sai tituna da gidaje. Sanata William Proxmire ma ya ba aikin lambarsa ta izgili ta almubazzaranci a 1980.