3.4 Izinin Kare Kai a Ƙarar Bashi ta Gaggawa: Daga I'izari Zuwa Takardar Rantsuwa

Kamar yadda aka gani a babi na biyu, ƙasar Boɗinga ta daɗe da sanin shari'a. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya zauna a Sifawa kafin ya koma Sakkwato a 1815, ƙanensa Abdullahi kuwa, mawallafin Liya'ul Hukkami, ya zauna a Boɗinga. Alƙalan wannan yanki, har zuwa Shagari da ke kudu da shi, mazhabar Malikiyya suka bi. A wannan mazhaba, ko da mai ƙara ya kawo shaidu a kan bashi, alƙali ba ya yanke hukunci sai ya yi i'izari, wato ya tambayi wanda ake ƙara ko yana da sauran hujja. In ya ce yana da ita, a yanka masa ajali ya kawo. Ibn Asim ya yi bayanin wannan a Tuhfa, littafin da alƙalan Arewa suka dogara da shi. Ke nan kare kai hakki ne da alƙali ke miƙa wa mutum, ko bai roƙa ba.

Tsarin da Turawa suka kawo daga wani tushe ya fito. A 1855 aka yi doka a Ingila domin 'yan kasuwa masu riƙe da takardun bashi, saboda masu cin bashi suna ƙirƙiro kariyar banza don jan lokaci. Dokar ta ce wanda ake ƙara ba zai kare kansa ba sai da izinin kotu. Bayan gyaran kotuna na 1873 zuwa 1875 aka faɗaɗa tsarin, daga nan ya bi mulkin mallaka ya shiga Indiya da Nijeriya.

A ƙa'idojin bai-ɗaya na Manyan Kotuna, waɗanda yawancin jihohi suka karɓa a ƙarshen shekarun 1980, mai bin ƙayyadadden kuɗi yakan rantse a rubuce cewa a saninsa wanda yake bi ba shi da abin cewa. Sai a sa ƙarar cikin jerin ƙararrakin da ba a jayayya a kansu. Wanda aka kai wa sammaci dole ya shigar da sanarwar niyyar kare kansa, tare da takardar rantsuwa mai nuna hujja ta gaske, aƙalla kwana 5 kafin ranar zama. In kotu ta gamsu, ta ba shi izini, ƙarar ta koma jerin shari'u na yau da kullum. In bai shigar ba, a yanke hukunci ba tare da an kira shaida ko ɗaya ba.

Gaskiya ne Kotun Ƙoli ta sassauta. A shari'ar Nishizawa da Jethwani ta 1984, wadda ta taso daga Legas, ta nuna bai dace a rufe ƙofa ga wanda ya nuna batun da ya cancanci a saurara ba. Sai dai sassaucin ya fi amfanar wanda takardarsa ta isa gaban kotu. Manomin Shagari ko falken Boɗinga da banki ya kai ƙara a Sakkwato, ya saba da cewa ranar zama ake zuwa a yi bayani da baki. Sammacin da Turanci yake, lauya kuma sai a birni. Mai irin wannan hali yana iya isa kotu da rasit ɗin biyan rabin bashin a aljihu, ya tarar kwanakin da doka ta ba shi sun riga sun wuce.