Hadarin Gabas a Kan Iyakar Jibiya

Kakana ya yi fatauci da jakuna tsakanin Jibiya da Maraɗi tun kafin a sa shinge da ma'aikatan kwastan a Magama. Iyakar da Ingila da Faransa suka shata a farkon ƙarni na 20 ba ta dame shi ba. Abin da yake tsoro a farkon damina shi ne gabas.

Na sha ganinsa da la'asar, ya tsaya a ƙofar gida, ya kare goshi da tafin hannu. Idan gari ya yi luf, zafi ya dame jiki, sannan gajimare ya yi toroƙo kansa fari fat, gindinsa baƙi ƙirin, sai ya ce da ni: "Jikalle, kwance tunkiyar nan, ka shigar da ita." Ba a jimawa iska mai sanyi za ta kaɗo, jar ƙura na biye da ita har ta shafe rana. A zamanin ayari, in ji shi, madugu ba ya jiran ƙurar. Tun hadari na nesa, ana ganinsa daga sama har ƙasa, yake sauke kaya a kan tudu, nesa da kwari da dogayen itatuwa, a lulluɓe gishiri da kanwa. Wanda ya bari ƙura ta rufe shi ba ya ƙara ganin inda hadarin ya dosa.

Ilimin nan ba camfi ba ne. Hadarin yankinmu yakan jeru ne a layi guda, ya taso daga gabas ya nufi yamma, tsayinsa zuwa sama kan kai kilomita 15. Sanyin da muke ji kafin ruwa iska ce da ta faɗo daga cikinsa ta bazu a ƙasa.

Ita ce ta yi ɓarna a Kano ranar 24 ga Yuni, 1956. Jirgin saman kamfanin BOAC ya tashi zai je Tarabulus, ya shiga gefen hadari, iskar ta danne shi tun bai yi sama ba, ya bugi itace. Mutum 32 cikin 45 suka rasu. Shekara 31 ke nan bayan jiragen sojan Ingila uku sun fara sauka a Kano a 1925. Yau matuƙa suna da na'urar rada a hancin jirgi, kuma ana koya musu su bai wa babban hadari tazarar mil 20. Ni dai ina jin maganar madugu ce aka mayar lissafi.

Bara, a kan babur tsakanin Magama da Ɗan Isa, na ga gabas ta haɗe. Ɗan acaɓan ya ce, "Baba, za mu riga shi." Na ce ya sauke ni. Ina cikin rumfar wani mai shayi ƙurar ta iso, har kwanon rufin yana neman tashi.