Yadda ƙwaro mai gajeren kube ya samu sunansa

Ya mai karatu, in damina ta zauna, duba ƙwarin da ke taruwa gindin fitila. Cikinsu akwai wani siriri mai kama da tururuwa, tsawonsa kamar santimita 1, kansa baƙi, ƙirjinsa ja. In ka taɓa shi sai ya ɗaga wutsiya tamkar kunama, amma ba shi da ƙari. Danginsa sun wuce iri 60.000, kuma masana sun daɗe suna wahalar jera su.

Tun zamanin Aristotal, malamin nan na Girka da ya rayu shekara 2.300 da suka wuce, ake kiran ƙwari irin su buzuzu da wani suna wanda yau ake rubutawa Coleoptera. Kalmomi biyu ne aka haɗa: koleos, wato kube, da pteron, wato fiffike. Ɗaga bayan buzuzu ka gani. Fukafukan tashi suna ɓoye ƙarƙashin wasu masu tauri, kamar wuƙa cikin kubenta. Shi wanga ƙwaro namu kubensa gajere ne, ya bar yawancin cikin a waje, sai ya yi ta naɗe fukafukai kamar tabarma kafin su shiga.

A shekara ta 1758 Line, mutumin Suwidin, ya fitar da bugu na 10 na littafinsa Systema Naturae, inda ya ba kowace dabba suna biyu, na gida da na kanta. Waɗannan ƙwari ya sa su gidan Staphylinus. Tsohuwar kalmar Girkanci ce, sunan wani ƙwaro, kuma da ita ake kiran karas ɗin daji.

Gida ɗaya bai ishe su ba. A 1775 almajirinsa Fabricius, mutumin Danmak, ya ware gidan Paederus, na wanda kake gani gindin fitila. A 1802 Latreille na Faransa ya tara gidajen cikin zuriya guda, wadda ake kira Staphylinidae. Wutsiyar nan ta "idae" aikinta ɗaya da "awa" ta Gobirawa da Katsinawa. Da Bahaushe ne ya raɗa sunan, da Sitafilinawa ya ce.

A ganina sunayen gidajen sun fi daɗi, don suna tona halin mai su. Philonthus, masoyin kashin dabbobi. Creophilus, masoyin nama, a kan mushe ake samunsa. Ocypus olens na Turai kuwa, olens ɗin nan ma'anarta mai wari. Zuriyar ba ta daina ƙaruwa ba: a 1995 aka shigo da Pselaphinae, a 2009 aka ƙara Scydmaeninae, alhali da kowannensu zuriyar kansa ce.

Kada ka haɗa Paederus da hangara, ko da yake duka biyu suna ƙona fata. Hangara ta zuriyar Meloidae ce, galibi kubenta dogo. Dafin Paederus cikin jininsa yake. A 1953 Pavan da Bo na Italiya suka sa masa suna pederin, daga baya aka gano wasu ƙwayoyin halitta da ke zaune cikin jikin macen su ke yin sa. Ba ya cizo, murje shi ke kawo ƙuna bayan kwana ɗaya ko biyu. In ya sauka jikinka hure shi, in ka riga ka murje wanke wurin da ruwa da sabulu, kada ka kai hannun ga ido.