Kakar 1953: Shekarar da Kano ta raba Legas da Kofin Gwamna

A shekarar 1953 zaɓaɓɓun 'yan ƙwallon Kano suka lashe Kofin Gwamna, bayan sun doke Dynamos ta Legas da ci 2 da 1 a wasan ƙarshe. Wannan ne karo na farko da kofin ya bar Legas.

An fara gasar a 1945, zamanin Gwamna Arthur Richards, kuma shekara takwas a jere ƙungiyoyin ma'aikatu da kamfanonin Legas ne ke karɓa-karɓa da shi: Marine, Railways, UAC da Pan Bank. Railways kaɗai ta ɗauka sau huɗu.

Nasarar ta zo a shekara mai nauyi, domin a watan Mayunta ne rikicin siyasa ya ɓarke a Kano kan batun neman mulkin kai. A lokacin, masarautar Haɗeja, har da Birniwa, tana cikin Lardin Kano, saboda haka mutanen Jigawa na yau ma suna da rabo a wannan tarihi.

Kano ta sake kai wa wasan ƙarshe a 1954, amma Kalaba ta karɓe kofin.

Akwai kuskuren da ya kamata a gyara. Wasu jadawalai kan rubuta Kano Pillars a matsayin zakarar 1953, alhali sai a 1990 aka kafa ta. Sai Masu Gida ba su ɗauki wannan kofi ba sai a 2019, lokacin da suka doke Niger Tornadoes a bugun fenareti a Kaduna.