Matsayin Yara a Tauhidin Kirista

Matsayin yara a tauhidin Kirista batu ne da ya ƙunshi tambayoyi irin waɗannan: ko jariri yana da zunubi, yaushe ya dace a yi masa baftisma, ina makomarsa in ya mutu bai yi wayo ba, da kuma ko yaro yana da tasa hulɗar da Allah tun kafin a koya masa kome. Tushen maganar yana cikin Linjila, amma yawancin gardamar daga baya aka yi ta, kuma yawan mutuwar jarirai ne ya fi ingiza ta. Malaman ikilisiya ba su cika zama su yi nazarin yaro don kansa ba. Iyaye masu makoki ne suka riƙa matsa musu sai sun ba da amsa.

A Linjila da ikilisiyar farko

A sura ta 10 ta Linjilar Markus, mutane sun kawo yara wurin Yesu don ya sa musu hannu, almajiransa suka kwaɓe su. Yesu ya ji haushin almajiran, ya rungumi yaran, ya sa musu albarka. A Matiyu sura ta 18, da almajirai suka tambayi wanda ya fi girma a mulkin sama, sai ya kira yaro ya tsayar a tsakiyarsu a matsayin abin koyi. Wannan ba ƙaramin abu ba ne a daular Rum, inda uba ke da ikon ƙin karɓar jaririn da aka haifa masa, a kai shi juji ko bakin hanya a yar. Wasu su mutu, wasu masu cinikin bayi su tsince su. Yahudawa sun ƙi wannan al'ada, Kiristoci kuma suka gaji ƙin daga gare su. Didake, ɗaya daga cikin tsofaffin rubuce-rubucen ikilisiya, ya hana zubar da ciki da kashe jariri. A 374 Sarki Balentiniyan I ya mai da kisan jariri laifin da hukuncinsa kisa ne.

Gardamar Arewacin Afirka

A ƙasashen da yau ake kira Tunisiya da Aljeriya aka fi ja-in-ja a kan wannan batu. Wajen shekara ta 200, Tartuliyan na birnin Kartaj ya ba da shawarar a jinkirta baftismar yara har sai sun san Almasihu da kansu, domin a ganinsa ba su yi laifin da za a yi gaggawar wankewa ba. Shawarar tasa ta nuna cewa ana yi wa jarirai baftisma tun a lokacin. Bayan kimanin shekara hamsin, wani bishof mai suna Fidus ya nemi a riƙa jira sai kwana na takwas, bisa misalin kaciyar Yahudawa, kusan yadda Bahaushe ke jiran ranar suna. Sifiriyan na Kartaj da taron bishof 66 suka ce a'a, ko ɗan kwana biyu kada a hana shi.

Wanda ya fi kowa tasiri shi ne Agustin (354 zuwa 430), haifaffen Tagaste, wato Suk Ahras ta yau, bishof na Hippo. Shi kansa ba a yi masa baftisma yana jariri ba. Ya taɓa yin ciwo mai tsanani yana yaro, mahaifiyarsa Monika ta shirya a yi masa, da ya warke sai aka ɗage, sai a 387 bishof Ambros ya yi masa a Milan. A littafinsa Confessiones ya ba da labarin jaririn da ya gani, ko magana bai fara ba, amma ya murtuke fuska yana hararar abokin shan nononsa don kishi. Daga nan ya yanke cewa rashin ƙarfi ne ke hana jariri ɓarna, ba tsabtar zuciya ba. Amma shi ne kuma ya tuna yadda yake roƙon Allah kada a buge shi a makaranta, manya suna yi masa dariya. Da wuya a sami marubucin zamanin da ya kalli yaro da irin wannan lura, ko da yake hukuncin da ya kai gare shi mai tsauri ne.

Filajiyus, abokin gardamar Agustin, da mabiyansa sun ce ana haihuwar jariri ba laifin Adamu a wuyansa. Agustin ya mayar musu da tambaya: to me ya sa uwaye ke rugawa coci da jarirai marasa lafiya a yi musu baftisma? Taron Kartaj na 418 ya goyi bayansa. Agustin kuwa ya koyar da cewa jaririn da ya mutu ba baftisma ba zai shiga mulkin sama ba, sai dai hukuncinsa ne mafi sauƙi. Ikilisiyoyin Gabas ba su bi shi har can ba. Yohana Kirisostom, ɗaya daga cikin malamansu, ya fi damuwa da tarbiyya, kuma har yau 'yan Otodoks suna ba jariri Jibin Ubangiji daga ranar baftismarsa.

Tsakiyar zamani da gyaran ikilisiya

Malaman Yamma sun sassauta ra'ayin Agustin da koyarwar limbo, yanayin da jariran da suka mutu ba baftisma ba sa ganin Allah amma ba sa shan azaba. Toma Akwinas ya ce suna da farin ciki daidai halittarsu. A wancan zamani iyaye kan miƙa 'ya'yansu ga gidajen sufaye bisa sura ta 59 ta dokar sufaye ta Benedik. Bede, masanin tarihin Ingila, yana da shekara 7 aka kai shi gidan sufaye. Taron Lateran na 1215 ya ɗaura wajabcin furta zunubi da karɓar Jibi a kan wanda ya kai shekarun hankali.

Martin Luther ya riƙe baftismar jarirai, ya roƙi majalisun biranen Jamus su buɗe makarantu a 1524, ya kuma wallafa ƙaramin katekisim a 1529 don magidanta su koyar a gida. A Zurik kuwa, a Janairun 1525, wasu suka fara yi wa manya baftisma, suna cewa sai mutum ya furta bangaskiya da bakinsa. Hukuma ta nutsar da ɗaya daga cikinsu, Felix Manz, a kogin Limmat a 1527.

Daga ƙarni na 18

Robert Raikes ya yaɗa makarantar Lahadi a Gloucester daga 1780, tun asali don yaran da ke aikin masana'anta kwana shida a mako. A Amurka, Horace Bushnell ya yi jayayya a 1847 cewa yaro zai iya tashi Kirista a gida ba tare da jiran wata ranar tuba mai girgiza ba. Teresa ta Lisieux, wadda ta rasu a 1897 tana da shekara 24, ta juya batun zuwa ga manya: su dogara ga Allah yadda yaro ke dogara ga uba. A 1910 Fafaroma Pius X ya sauko da shekarun karɓar Jibi na farko zuwa wajen 7. Sai a tsakiyar ƙarni na 20 aka fara sauraren yaron da kansa, inda Sofia Cavalletti ta soma a Roma a 1954 da lura da yadda ƙananan yara ke addu'a, Karl Rahner kuma ya rubuta cewa ƙuruciya tana da daraja a gaban Allah, ba share fagen girma ba ce kawai. A 2007 kwamitin tauhidi na Batikan ya ce akwai dalilin sa rai da ceton jariran da suka mutu ba baftisma.

Rabuwar 1525 tana nan a Arewacin Najeriya. Katolika da Anglikan da cocin Lutheran na Numan suna yi wa jarirai baftisma, ECWA da Baptist kuwa suna miƙa jariri ga Allah da addu'a, su jinkirta baftisma har sai ya girma ya shiga ajin koyo ya amsa da kansa.